Wayar Baba

Direban ya ajiye motar a gefen titi, ya ɗaga gilashi, ya yi gyaran murya sau biyu, sannan ya kira kakarsa da wayar mahaifinsa.

Wata bakwai ke nan da rasuwar Baba, Kaka kuwa ba a gaya mata ba. Likita ne ya ja musu kunne: shekara ɗari da uku, zuciya ta gaji, 'ya'ya biyar ta binne, Baba kaɗai ya rage mata. Labarin nan zai iya kashe ta. Da yake muryarsu ɗaya sak da marigayin, sai aka ɗora wa direban aikin kiran Kaka a matsayin Baba. Lambarta ma ba ta cikin wayar, a wurin yayarsa mai jinyarta ya karɓa.

Daga ranar da ya fara kira, kwana uku Kaka ba ta ci abinci ba, aka ce zazzaɓi ne. Daga baya kuwa hira ta kankama, duk Lahadi.

"Mutane na ta zuwa neman sirrin tsawon rai," ta ce masa wata rana. "Wane sirri? Kowa ya tafi ya bar ka da gadin ɗaki. In kana da mai amsa maka waya, ka kira shi kawai."

Ba ta taɓa tambayar yaushe zai zo ba. Shi kuwa yana kashe wayar sai ya kifa kai a sitiyari ya sha kuka, don wallahi shi ma kewar muryar nan yake.

Yau ba ita ta ɗauka ba. Yayarsa ce, ta ce ya taho maza.

Ya tarar da Kaka a gado, ta ƙanƙance, numfashi sama-sama.

"Angona ya iso," ta ce da ƙyar, "ko ɗan turare babu."

Ya yi yaƙe. Tsoro ya kama shi kada ta cika ba ta ji muryar ɗanta ba. Ya laluba aljihu zai fita baranda ya kira ta da wayar Baba, sai ta kama hannun rigarsa.

"Zauna, jikana, ka sha wahala. Shekara ashirin ubanka bai kira ni ko sau ɗaya ba. Ranar da na ji muryarsa tana tambayar lafiyata, ranar na fara makokinsa."