Manajan da Ya Ga Alama Ya Yi Shiru

Tunda an damƙa maka ragamar ƙungiyar nan, zauna in ba ka wani misali kafin ka fara yanke hukunci a kan 'ya'yan mutane.

A wata ƙasa mai tsananin sanyi, inda tafki kan daskare har a bi ta kansa da mota, akwai wasan da suke ji da shi, wai shi hokin ƙanƙara. 'Yan wasa kan ɗaura takalma masu ƙarfe a tafi kamar kaifin wuƙa, su riƙa zamewa a guje suna korar wani ɗan baƙin faifai da sanduna, suna bangazar juna da katangar katako. Wani mutum ya ƙarar da ƙuruciyarsa a wannan wasa. Ya bar haƙoransa na gaba a kan ƙanƙara, gwiwa ta tafi, kansa kuma ya sha bugu har ya zama hasken fitila mai ƙarfi na sa shi jiri. Duk da haka bai taɓa ɗaga babban kofin ƙasar ba. Da jiki ya ce ya isa, sai masu ƙungiyar suka ɗauke shi daga fili suka kai shi ofis, ya zama babban manaja, shi ke ɗaukar 'yan wasa, shi ke sallamarsu, koci ma a ƙarƙashinsa yake. Ya yi ta fama shekara da shekaru ba sa'a, har Allah ya haɗa shi da wani saurayi ɗan masunta, mai gudu kamar an harba kibiya. A kansa ya gina ƙungiyar, a kansa kuma suka kai wasan ƙarshe, a daidai shekarar da masu ƙungiyar suka gaya masa ƙiri-ƙiri cewa ko kofi ko kujerarsa.

A wasan kusa da na ƙarshe aka maka saurayin nan da katanga, hular kwanonsa ta yi ƙara har saman bene. Ya miƙe, ya ƙarasa wasa. Likita ya duba shi, ya yi masa tambayoyi, yaron ya amsa duka daidai, don ya san amsar da ake so. Aka ce lafiyarsa ƙalau. Amma washegari wajen cin abinci manajan ya lura yaron ya juya wa taga baya, ya kuma tambayi abokinsa ƙarfe nawa mota za ta tashi, aka gaya masa, ba a jima ba ya sake tambaya. Cokali ya tsaya a hannun manajan. Ya san wannan juya baya, shi ma haka yake zama. Ya ɗauki waya zai kira likita, ya ajiye. Ya ce a ransa wataƙila gajiya ce, ai kowa kan manta. Ya tuna shi ma ya buga wasa a irin wannan hali, ga shi yana raye. Sai kuma ya tuna yadda yake raye ɗin, labule a sake da rana tsaka, sunan jikarsa yana kufce masa. Ranar wasan ƙarshe ya sauka ɗakin sauya kaya, ya tarar da yaron yana ɗaure takalmi, idonsa a ƙanƙance.

"Yaya kan naka?"

"Garau, yallaɓai."

Kalma ɗaya daga bakin manajan da ta isa ta sa yaron ya kwance takalmin nan. Manajan ya dafa kafaɗarsa, ya juya, ya hau bene.

Daga ɗakin gilashi na sama, mutane suna bin faifai da ido, shi kuwa lambar da ke bayan rigar yaron kawai yake bi. Duk sanda wani ya doso yaron, sai manajan ya matsa jikin gilashi. Yaron ya jefa faifai a raga, gida ya kaure da sowa. Ana dab da tashi wani ya goge shi da kafaɗa, irin gugar da ko alƙalin wasa bai ɗaga hannu a kanta ba. Yaron ya zube, ya zame har jikin katanga, sandarsa ta yi nata wuri. Aka fitar da shi a kan gado. Ƙungiyar ta riƙe cin da ta yi, ta ɗauki kofi. Ana neman manaja ya zo ya ɗaga, shi yana barandar asibiti, inda uwar yaron ta dube shi da kyau, ta ga haƙoran roba da ɗingishi, ta ce, "Kai ma ka yi wasan nan. Ba ka ga komai ba?"

Yaron ya rayu, amma bai sake tsayawa a kan ƙanƙara ba, ko jirgin ruwan ubansa ba ya iya shiga saboda jiri. Ƙungiyar da aka gina a kansa ta watse cikin shekara mai zuwa, kujerar manajan ma ta tafi. Shi ya sa Hausawa suka ce, garin neman gira an rasa ido.