Ƙanzon da Yakaka Ke Ajiyewa

La'asar sakaliya, ana yayyafi a tashar jirgin Nguru, saurayin nan mai kawo kifi daga Gashuwa ya tsuguna gaban tukunyar Yakaka mai shinkafa da wake.

"Iya, yau ma ba za a sam min ƙanzo ba?"

"Kai dai ba ka gajiya," ta ce. "Na yarona ne, ya tafi wasa."

Kullum sai ta kankare ƙanzon ta rufe a ƙoƙo. Tun da mota ta faɗi da ita shekarar fari, ta manta garinsu, ta manta mijinta. Yaron kaɗai ta riƙe a ranta, ɗan shekara biyar.

Daga bakin titi direba ya ƙwala kira: "Laminu! Za mu tafi!"

Da jin sunan yaronta, cokali ya suɓuce mata. Ta miƙe tana duba fuskokin ƙananan yara.

"Matsa, ɗan nan, kar ka kare min shi!"

Laminu ya matsa. Rabin rayuwarsa ya yi yana neman wannan uwa tasa, sai bara ya same ta.

Ruwa na ɗiga kan ƙoƙon. Ya jawo shi ƙarƙashin rumfa, ya tafi.