Ɗorawar Kan Iyaka

Malam Irmiya, tun da ka zauna kake jero mini yaƙe-yaƙe da girgizar ƙasa, kana so in faɗa maka ko a zamaninmu Almasihu zai dawo. Ban sani ba, kuma duk wanda ya ce maka ya sani, ka yi masa sannu ka wuce. Amma gyara zama ka ji labarin wata mai daddawa.

Matar nan da ƙanwarta ciki ɗaya suka fito, kuma su ke riƙe da waƙar zumuntar mata a majami'ar ƙauyensu, ita tana buga tulu, ƙanwar tana ba da waƙa. Da mahaifinsu ya rasu aka raba musu gona, sai ga wata ɗorawa tsaye daidai kan iyaka, gindinta a wajen yayar, rassanta sun karkata wajen ƙanwar. Wannan ta ce itace na mai gindi ne, waccan ta ce 'ya'ya na wadda suka faɗo a gonarta ne. Tun ana yi da dariya har aka kai ga ko gaisuwa babu. Shekara da shekaru ɗorawa na nuna tana bushewa a sama, ba mai taɓawa don kada a ce ta yi sata, birai suka ci gadon da ba na ubansu ba. Mai daddawa kuwa, ga kalwa a bakin gonarta, amma sai ta je kasuwa ta sayo. Ta ajiye tulu, waƙar Lahadi ta yi lami. Abin yana cin ta a rai, don tana son ƙanwarta, kuma ta san ba a tsayawa gaban Ubangiji da gaba a ciki. Sai dai kullum takan ce ai da sauran lokaci, kuma ai ita ce babba, ƙarami ke zuwa wajen babba.

Ran nan da hantsi, cikin bazara, tana tsugune tana dafa kalwa, sai haske ya fara dushewa, ba hadari ba komai. Iska ta yi sanyi, kaji suka kama hanyar akurki, jakin maƙwabta ya ɓarke da kuka. Ta ɗaga kai ta ga ana cin rana ta gefe. Nan take karatun da fasto ya sha yi musu ya faɗo mata, cewa rana za ta duhunta kafin a busa ƙaho, Ɗan Mutum, wato Almasihu, ya bayyana. Ba ta tuna tukunya ba, ba ta tuna takalmi ba. Da muciya a hannu ta zura a guje, gidan ƙanwarta kuwa yana can hayin rafi. Sai a ranar ta san hanyar nan tana da nisa. Mace ce mai jiki, gwiwa ta ƙi, numfashi ya ƙi, duhu sai ƙaruwa yake. Tana gudu tana roƙo a ɗan jinkirta ƙahon har ta isa. Hanyar ta ratsa gonar gado, kuma a gindin ɗorawar nan ta yi karo da mutum, suka zube tare. Ashe ƙanwar ce, ɗankwali a hannu, gari har gwiwar hannu, ita ma wajenta ta nufa.

"Yaya, ki yafe mini, ki riƙe itacen."

"Haba Auta, yau wa yake ta daddawa? Ke dai ki yafe mini."

Suka rungume juna suna kuka, suna jiran ƙaho. Ƙaho bai zo ba. Zakara ne ya sake yin cara, don rana ta fara leƙowa ta ɗaya gefen. Suka dubi juna, ga muciya, ga gari, ga ƙasa a goshi, sai dariya ta kwashe su har da riƙe ciki. Kunya ta hana kowacce karɓe yafiyar da ta bayar, kuma tunda an riga an zo, sai suka samo doguwar sanda suka kakkaɓe ɗorawar, suka cika zane biyu. Kalwar da yayar ta bari a wuta ta ƙone ƙurmus, ko a jikinta. Ran Lahadi fasto ya ce kusufi ne kawai, wata ne ya gitta gaban rana, ainihin ranar dawowar Almasihu kuwa ko mala'iku ba a faɗa musu ba. Ita dai abin da ta riƙe shi ne nisan hanyar nan, don ta san da ƙanwarta ba ta taso ba, da ba ta kai ba. Tulu ya koma hannun mai shi, kuma daga ranar ba ta ƙara kwana da kowa a rai ba.

Suka yi shekaru suna daddawa tukunya ɗaya. Sai wata Talata, rana tana haskenta, ba duhu ba alama, ƙanwar ta kishingiɗa bayan cin abinci, ba ta tashi ba. Yayar ta yi kuka sosai, amma a wurin jana'iza ita ta ɗauki tulu, ta buga har mata suka miƙe da rawa. Da aka tambaye ta ina ta samu wannan ƙarfin zuciya, sai ta ce wannan karon ba ta da inda za ta ruga. Sun riga sun gama magana tun a gindin ɗorawa, saura haɗuwa ran da aka busa ƙahon gaske.

To ka ji, Malam Irmiya. Bar lissafin ranar, ka duba wa kake da shi a hayin rafi, tun ƙafa tana iya tafiya a hankali. Hausawa sun ce ba a fafe gora ranar tafiya.