Layi na Biyu a Katin Mai Tsire

Ka ce aikin ɗakin kati ba aiki ba ne, ɗora lamba ne kawai? To gyara zama in ba ka misali, kuma don Allah kada ka katse ni.

An yi wani akawu a ɗakin kati na wani asibiti. Aikinsa ɗaya ne: likita ya rubuta abin da ke damun mutum, shi kuma ya nemo lambar cutar ya ɗora a goshin katin. Lambar nan ita ce jagora. Ita ke nuna layin da mutum zai bi, da likitan da zai gani, da maganin da za a riƙa sabunta masa a taga. Shekara goma sha tara mutumin nan yana kan kujerar, lambobi sun zauna masa a ka kamar sunayen 'ya'yansa, har yana bugun ƙirji wai shi kalmar farko ta ishe shi, sauran rubutu na sababbin shiga ne. Wata Laraba sai ga katin mai tsiren bakin tasha, wanda akawun kan tsaya wurinsa in an tashi aiki. Ga shi nan tsaye a taga, ƙafa ɗaya ba takalmi, babban yatsa ya kumbura yana sheƙi kamar jar albasa. Rubutun likita layi biyu ne. Na farko ya ce daɗaɗɗen ciwon gaɓɓan nan ne da ake kira gawut. Akawu bai sauka na biyu ba. Me zai nema? Kowa ya san ciwon masu cin nama ne, ga kuma mai nama a gabansa. Ya zabga lambar gawut ta gama-gari, ya leƙo ya ce, "Sarkin tukuba, ashe kai kake cinye mana na kirkin! Ka rage nama." Mutanen layi suka kwashe da dariya. Mai tsire ma ya yi tasa, ya ja ƙafa ya tafi.

To, ga abin da ke layi na biyu: ƙodar mutumin ce ta yi rauni. Ba ta iya tace dattin jini, sai dattin ya taru a gaɓa ya daskare kamar ɓarɓashin gishiri yana sukarsa. Irin wannan gawut lambarsa daban, kuma ba ta tafiya ita kaɗai, sai an haɗa ta da lambar ciwon ƙodar, don a tura mutum wurin likitan ƙoda, a kuma nisanta shi da maganin kashe zafin nan mai cin ƙoda. Amma da lambar akawu, sai aka jefa shi layin masu ciwon gaɓɓai. Wata goma sha ɗaya yana zuwa, ana duba goshin kati, ana miƙa masa ƙwayoyin da bai kamata su shiga cikinsa ba. Yatsa ya lafa, ƙoda kuwa tana can tana ƙarasawa, ba wanda ya ji kukanta.

Ranar da aka turo shi a keken marasa lafiya, fuska ta cika har idanu sun nutse, ƙafafu kamar turmi, likitar da ta rubuta katin ta taka har ɗakin kati da kanta. Da ma zagin akawun ta yi, da ya fi sauƙi. Ajiye katin kawai ta yi, ta ɗora yatsa a layi na biyu ta ce, "Malam, karanta min nan." Ya karanta a gaban abokan aikinsa. Ya so a ce rubutun tonon kaza ne ya samu abin fakewa. Ina, ɓaro-ɓaro yake, ko ɗan firamare ya karanta. Da ya fito, ya rakuɓe jikin bango don ya wuce bakin ɗakin wankin ƙoda ba a gan shi ba, sai ya ji an ce, "Malam akawu!" Mai tsire ne, yana ƙoƙarin ɗaga hannu. Ya ce, "Wallahi tun ranar da ka yi min magana ban ƙara sa nama a bakina ba. Ko romo." Ya faɗa yana murmushi, kamar mai jiran a ce masa madalla. Akawu ya durƙusa gefen keken, ido a ƙasa. Har yau sau biyu a mako ake jona bawan Allah nan a inji.

Shi ke nan misalin. Akawu bai yi ƙarya ba, bai yi mugunta ba. Rabin magana ya gani ya ɗauka ya gama ji. Ai ba banza ba masu iya magana suka ce hangen Dala ba shiga birni ba ne.