Alƙalin Thamesmead

Badariyya ta sake kunna fim ɗin, don in ba shi ba Malam Abdulmumin ba ya buɗe baki ya karɓi kunu. Tsohon fim ne na Turawa, baƙi da fari, tun zamanin da ba a sa murya: baki na ta motsi, kiɗa kawai ake ji. Wani alƙali ya ɗaure mutum a kan ƙarya, 'yar mutumin ta girma ta shiga gidan alƙalin aikatau da wuƙa a ɓoye. A ƙarshe ta yar da wuƙar, ta yafe masa.

Tun ranar da suka ci karo da shi a talabijin tsohon ya gane kansa a ciki. Shi ne alƙalin. Ba ya tuna abin da ya ci da safe, balle yadda aka yi ya baro Kaduna ya ƙare a bene a unguwar Thamesmead, can ƙasar Turawa, amma kotun soja tana nan daram a kansa: ɗan jarida a tsaye da ankwa, wata 'yar yarinya tana tsala ihu a bayan benci. Shekara goma sha biyu aka yanke.

Kuma ya san matar nan da ke ba shi abinci ita ce yarinyar. Idanun ba su canza ba.

Tsoro ya hana shi sakat. In ta karkaɗa makullai sai ya zabura ya nemi miƙewa tsaye. In ta ajiye kwano sai ya rungume shi ya juya baya. Ƙofar ɗaki kuwa ba wanda ya isa ya rufe.

Safura, nas 'yar Ghana da ake turowa duba shi, ta ce cutar mantuwa ba a musu da ita, duk abin da ya faɗa a bi shi a haka. Faɗa da baki ba wuya. Badariyya mace ce mai riƙo, ita ma ta san halinta. Tun tana ƙarama ta rantse ba za ta yafe wa wanda ya raba ta da ubanta ba, ga uwarta ta mutu tana jiran a buɗe kurkuku.

Sai jikin ya rikice, kunun ma ya daina shiga. Wata Laraba, da fim ya kai inda alƙali ke durƙusawa, tsohon ya zame daga kujera ya cafke bakin zanenta.

"Yarinya, ni na cuci ubanki. Ba shi da laifi. Kada ki bar ni in tafi da wannan nauyi."

Ta lallashe shi, ta kawo wata hira, ta kashe talabijin. Duk a banza, kuka kawai yake yi. Takaici ya cika ta, ta rasa inda za ta sa kanta.

"Anti, ka gaya mishi ka yafe kawai," in ji Safura da Hausarta ta zango. "Ba shi da time kuma."

Badariyya ta daɗe tana kallon furfurar da ke gaban ƙafarta.

"Na yafe maka, Baba. Duniya da lahira."

Ya saki zanen, ya yi ajiyar zuciya, suka mayar da shi gado ya yi barci kamar jariri. Ita kuwa ta zauna a ƙasa ta fashe da kuka. Alƙalin ya daɗe da mutuwa a kan gadonsa a Kaduna, bai taɓa neman gafarar kowa ba. Wanda ya durƙusa mata yau ubanta ne, ɗan jaridar da ya yi zaman shekara goma sha biyun.