Aron Hoto na Kwana Uku

Shekara hamsin Baba Mai Rediyo yana gyara a shagonsa na jikin shingen iyaka, kuma duk abin da ya tsallako da shi daga wancan ɓangare hoto ɗaya ne. Mahaifiyarsa ce a ciki, zaune a ƙofar gidansu, shi kuma yana tsaye gefenta da wandon da ya yi masa yawa. An rushe gidan tuntuni, mutanensa sun watse.

Kullum da safe, kafin ya taɓa rediyon kowa, sai ya ciro hoton daga akwatin kayan aiki ya gaishe ta. 'Yarsa takan zolaye shi, wai tsohuwar ba ta taɓa amsawa ba. Yakan ce ai da ma can ba mai yawan magana ba ce.

Wata rana wani mai kamara ya sauka garin, yana haɗa fim a kan mutanen bakin iyaka. Ga ladabi, ga daɗin baki. Mako guda yana zama a kan bencin shagon, Baba na ba shi labarin zamanin da babu shinge, lokacin da mutum zai karya kumallo a nan, ya je gaisuwa can, ya dawo kafin la'asar ba wanda ya tambaye shi takarda.

Da zai tafi, ya roƙi aron hoton don a saka shi a fim ɗin. Kwana uku kacal, in ji shi. Baba ya ciro hoton, ya miƙa masa.

“Ɗana, idanun nan sun fara yi mini gardama,” ya ce. “Kada ka daɗe da ita.”

Kwana uku suka zama wata uku. In 'yar ta kira mai kamara a waya, sai ya ce yana hanya. Daga baya ya daina ɗauka. Fim ya fito, aka ce ana ta yabonsa a birni. Baba kuwa kewa ta ishe shi, ga hasken idonsa na raguwa, har ya rufe shago.

Bayan shekara biyu mai kamara ya yi sallama a gidan Baba, yana ta ba da haƙuri. Wai sai da zai tashi daga gidan haya ya tsinci hoton a cikin tsohuwar jaka.

Baba ya karɓa, ya shafa shi da yatsu, ya kai shi dab da fuskarsa. Bai ga komai ba. Bai yi faɗa ba, sai ya matsa masa a kan tabarma.

“Zauna ka duba mini. Murmushi take yi, ko kuwa? Na fara mantawa.”

Jama'a, abin da kuka ara don aikinku, wataƙila shi kaɗai ya rage wa mai shi a duniya. Ku mayar da shi ranar da kuka yi alkawari.