Riga Mai Lamba Tara

"Yau biyu ya ci!" Maigidanta ya faɗo gida da ihu. Shekara shida ke nan yana bin ɗan ƙwallon Sifen ɗin nan, tun yana zaman benci har ya zama kyaftin.

Ta dube shi, taɓo har gwiwarta, goyo na kuka a bayanta.

"Sannu da aiki, Malam. Yau ce ranar ban ruwan gonarmu, ka manta? Kana gidan kallo bakin magudana ya ɓalle. In tumatirin ya bushe, ƙwallo yarinyar nan za ta ci?"

Ya kwasa sai gona. Ba ta bi shi ba, ta san abin da zai tarar. Ruwa na kwarara cikin tumatir, ɓarakar kuwa an toshe ta da rigar gwaninsa da ya saya, cushe da laka, lamba tara na kallon sama.